Kunne ko ido: hanyar Dirk Maggs da ta Alex Garland wajen juya labarin zane na kimiyya

Labari ɗaya ne ya faɗa hannun marubuta biyu 'yan Birtaniya, shekara 17 tsakani, kowannensu ya fitar da shi ta ƙofa daban. Labarin shi ne Judge Dredd, wanda marubuci John Wagner da mai zane ɗan Sifaniya Carlos Ezquerra suka ƙirƙira. Ya fara bayyana a 1977, a fitowa ta biyu ta mujallar zane ta mako-mako mai suna 2000 AD. Dirk Maggs ya mayar da shi wasan kwaikwayon rediyo a tashar BBC Radio 1 a 1995, shi kuwa Alex Garland ya rubuta fim ɗin Dredd da ya fito a 2012. Marubucin da ke riƙe da labarin zane irin na kimiyya, yana wasi-wasin ko ya nufi situdiyon ɗaukar murya ko ya shiga neman mai zuba kuɗi a yi fim, zai ga amsarsa a abin da kowannensu ya iya ɗauka daga shafin, da abin da dole ta sa ya bari.

Sai an san kayan da suka tarar kafin a fahimci aikinsu. Dredd alƙali ne a Mega-City One, wani makeken birni na nan gaba da ya mamaye gabar gabashin Amurka. Alƙalan birnin su ne 'yan sanda, su ne masu shari'a, su ne masu zartar da hukunci nan take a bakin titi. Dredd ba ya cire hular kwanonsa, mai karatu bai taɓa ganin fuskarsa sosai ba, kuma ba shi da yawan magana. Labarin yana zuwa ne a ɗan guntu duk mako, kusan shafi shida, kowane shafi an raba shi gida-gida, kuma guntun yakan tsaya a daidai inda rai zai so jin ci gaba. Abu uku ke nan da mai juya labarin zai yi fama da su: birni mai girman da ya wuce misali, jarumi marar fuska, da labarin da aka gina don a riƙa yanka shi.

Abin da Maggs ya ɗauka

Maggs bai fara da Dredd ba. Tun 1988 ya yi wa BBC wasan Superman, a 1989 ya yi na Batman, sannan a 1994 ya yi Batman: Knightfall a Radio 1, guntu 65 masu minti uku-uku ana sa ɗaya kowace rana a tsakiyar shirin kaɗe-kaɗe. Wannan tsari na minti uku shi ya dace da labarin zane na mako-mako kamar an auna. Shafi shida da ke ƙarewa da jarumi a bakin halaka, da guntun rediyo da ke ƙarewa da ƙarar bindiga, gini ɗaya ne. Marubucin ba ya buƙatar rushe tsarin asali, sai dai ya ƙara wuraren yanka.

Ga lissafin yadda yake a aikace. Ɗan wasa yana furta kalma kusan 150 a minti ɗaya. A cikin minti uku, kiɗan buɗewa da tunatar da abin da ya faru jiya za su ci daƙiƙa 20 zuwa 30, harbe-harbe da gudun babur da rugujewar gini su ci wasu. Abin da ya rage wa magana bai wuce kalma 300 zuwa 350 ba. Saboda haka guntun mujalla ɗaya yakan zama guntun rediyo biyu, ke nan marubuci sai ya nemo wata matsaya mai tsinka zuciya a wajen shafi na uku, inda mai asalin labarin bai sa ba. Nan ne sababbin marubuta ke fara tuntuɓe: sukan yanka inda mintin ya cika, ba inda tambaya ta taso a ran mai sauraro ba, washegari kuwa babu mai dawowa.

Labarin da Maggs ya zaɓa shi ne The Day the Law Died, wanda ya fito a mujallar daga fitowa ta 89 zuwa ta 108, tsakanin 1978 da 1979. Wani alƙali mai suna Cal, wanda aka gina halinsa kan Caligula na tsohuwar Rum, ya ƙwace mulkin birnin, ya haukace, ya naɗa kifinsa na cikin kwalba mataimakin babban alƙali, ya ɗauko sojojin haya daga wata duniya masu kama da kada, sannan ya yanke wa birnin duka hukuncin kisa, a bi mutane bisa jerin haruffan sunayensu. A fim, kowane ɗaya daga cikin waɗannan takardar neman kuɗi ce. A rediyo kuwa taron dubban mutane 'yan wasa shida ne ko takwas, a ɗauke su sau biyar ko shida suna canza murya da nisansu daga makirfo, a jera sautukan bisa juna. Sojan kada ɗan wasa ne mai kaurin murya da aka sauke masa amo a kwamfuta. Birni mai ɗaruruwan miliyoyin mutane gunjin injina ne daga nesa, da jiniya, da amsa-kuwwa. Wannan ita ce babbar ribar kunne, kuma ba ƙarama ba ce: girman labari ba ya ƙara kuɗi.

Amma kifin nan ya isa misalin inda gizo ke saƙa. A shafi, dariyar tana cikin hoton ne, kwalbar kifi a mazaunin mai mulki, manyan alƙalai sun ƙame suna girmama ta. Kunne ba ya ganin kwalba. Marubuci mai gaggawa zai sa wani ya ce, "Kai, dubi, ya ɗora kifi a kan kujera!" Da zarar an faɗi haka wasan ya mutu, domin babu mai faɗa wa na kusa da shi abin da dukansu suke kallo. Hanyar da ta fi ita ce a bar aikin ya bayyana kansa: a ji takun mai ɗauke da kwalba yana tafiya a hankali, ruwa na tangal-tangal, a ji an ajiye gilashi a kan katako, mai mulki ya umarci kowa ya miƙa gaisuwa, ɗakin ya yi tsit, sai ƙarar kumfa ɗaya ta taso, wani magatakarda cikin rawar murya ya tambaya ko a rubuta wannan a matsayin amincewa. Ba a siffanta komai ba, amma kowa ya gani. Gida ɗaya na zane ya ci daƙiƙa 25, kuma irin wannan fansar marubucin rediyo zai riƙa biya a kowane shafi.

Jarumi marar magana ya fi kifin wahala. Hular kwano ba matsala ba ce a rediyo, tunda ba wanda ke ganin fuskar kowa. Shirun ne matsalar. Wanda ya yi daƙiƙa 40 bai yi magana ba a wasan rediyo, mai sauraro ya manta yana ɗakin. Dole a ba shi wata alama ta sauti da ke binsa, kamar nauyin takalmi ko ƙarar fatar kayansa, a kuma haɗa shi da mai surutu da zai riƙa kiran sunansa. Sannan kada muryoyi masu magana su wuce uku ko huɗu a fage ɗaya. Labari irin na Dredd cike yake da maza masu kaushin murya sanye da kaya iri ɗaya. A shafi, zanen haɓa da sunan da ke kan bajo suna raba su. A kunne, in ba a zaɓi 'yan wasa masu bambancin amo da karin harshe ba, sai ya zama kamar mutum ɗaya ne ke gardama da kansa.

Ɗaukar murya ba ta cin lokaci. Wasan minti 45 ana iya ɗauke shi a kwana biyu. Haɗa sautin ne ke cin rai, musamman a salon Maggs, wanda yake ɗaukar aikinsa a matsayin fim na kunne, yake cika shi da kiɗa da sautuka hawa-hawa, har ya riƙa amfani da tsarin Dolby na kewaye tun a shekarun 1990. Minti ɗaya na faɗa yana iya cin awa ɗaya ko fiye a gaban kwamfuta. Wani abin lura ga duk mai son bin wannan hanya a inda akasarin masu sauraro ke ji ta ƙaramar rediyo ko lasifikar waya: abin da ya yi daɗi a iyafis yakan dagule in ya fito ta lasifika ɗaya. Harsashin da ya tashi daga kunnen hagu zuwa na dama zai tsaya cak, gunjin birni kuma ya danne magana. A riƙa gwada kowane guntu a waya mai arha kafin a ce an gama, a kuma rage sautin baya duk inda kalma ta ɓace.

Abin da Garland ya zubar

Garland ya shigo ta wata hanya. Mahaifinsa, Nicholas Garland, mai zanen barkwancin siyasa ne, shi kuwa Alex ya yi suna da littafinsa The Beach a 1996, sannan ya rubuta finafinan 28 Days Later a 2002 da Sunshine a 2007. Ya fara rubutun Dredd a wajen 2006, kuma abin da ya fi amfani ga mai koyo shi ne rubuce-rubucen da ya yi ya ajiye. Na farko ya gina shi ne kan Judge Death, mugun da ya fi shahara a labarin, sai ya ga ba zai fahimtu ba sai ga wanda ya riga ya san yadda tsarin alƙalan yake. Ya juya ga labaran masu fafutukar dimokuraɗiyya a birnin, su ma ya jingine su don sun fi ƙarfin fim na farko. A ƙarshe ya rubuta sabon labari nasa: yini ɗaya na aiki, gini ɗaya mai hawa 200 da ake kira Peach Trees, alƙalai biyu an kulle su a ciki, shugabar 'yan daba tana can sama.

A kwatanta da kyau. Wanda ke da makirfo kawai ya ɗauki labarin juyin mulkin birni sukutum. Wanda ke da kasafin dala miliyan 30 zuwa 45 ya ƙare a cikin gini ɗaya. Dalilin a fili yake. Duk abin da marubucin fim ya rubuta, sai an gina shi, ko an je wurinsa, ko an zana shi a kwamfuta. Shafi ɗaya na rubutun fim minti ɗaya ne a allo, don haka fim mai minti 95 irin Dredd bai wuce shafi 100 ba, kuma a yini ba a cika ɗaukar fiye da shafi biyu zuwa biyar ba. An ɗauki fim ɗin a Afirka ta Kudu daga Nuwamba 2010, kusan mako 13, a situdiyon Cape Town da titunan Johannesburg. Maimakon a ƙera birnin daga tushe, sai aka ɗauki birni na gaske aka dasa masa dogayen gine-gine da kwamfuta. Gini ɗaya kuma yana nufin baranda ɗaya da lungu ɗaya za a iya sake musu fenti da lamba su zama hawa goma daban-daban.

Hular kwano a nan ce ta zama babbar magana. Fim ɗin Judge Dredd na farko, na 1995, wanda Sylvester Stallone ya fito a matsayin Dredd, wanda ya ci kusan dala miliyan 90, ya cire wa jarumin hula tun da wuri, domin wanda aka biya don fuskarsa ba za a rufe shi ba, kuma masoya labarin ba su yafe ba har yau. Garland ya bar hular daram a kan Karl Urban daga farko har ƙarshe, baki da haɓa kawai ake gani. To amma fim yana buƙatar idanun da mai kallo zai karanta. Sai ya ɗora wannan nauyi kan sabuwar alƙaliya Anderson, wadda Olivia Thirlby ta fito a matsayinta, ya ba ta dalilin rashin sa hula daga cikin labarin: hular na toshe mata baiwar karanta zukatan mutane. Ita ce ke tsoro, ita ce ke canzawa, shi kuwa Dredd kusan yadda ya shiga haka ya fita. Wannan dabara ta cancanci a kwaikwaye ta duk inda jarumin labarin zane ya kasance mutum ne da ba ya sauyawa. An kuma nuna wa Wagner rubutun, ya gyara wasu maganganun Dredd, aka yi ta rage su.

Akwai abu ɗaya da ido ya iya wanda kunne ba zai taɓa yi ba. Mai karatun labarin zane shi ke riƙe da lokaci, yana iya tsayawa kan gida ɗaya iya son ransa. Garland ya ƙirƙiro wata ƙwaya a cikin labarin, Slo-Mo, wadda ke sa mai shan ta ya ji lokaci na tafiya da kashi ɗaya cikin ɗari na saurinsa, don haka fim ɗin ya sami hujjar tsayar da hoto kamar gidan zane, ɗigon ruwa ko tarwatsewar gilashi na rataye a iska. Kuɗinsa fa? Fim na tafiya da hoto 24 a daƙiƙa. In ana son rage gudu sau ɗari sai an ɗauki hoto 2,400 a daƙiƙa, kowane hoto kuma yana samun ɗan mitsitsin haske ne, ke nan sai an ninka fitilu ninkin ba ninki, da kyamara ta musamman, da fitilun da ba sa ƙyaftawa. Mai ɗaukar hoton, Anthony Dod Mantle, ya yi amfani da kyamarorin Phantom masu tsananin sauri. Layi ɗaya a rubutu, rabin yini a wurin ɗauka.

Duk da yabon da ya sha, kwalliya ba ta biya kuɗin sabulu ba a sinima. Fim ɗin ya tara kusan dala miliyan 41 a duniya, gidajen sinima kuwa suna riƙe kusan rabin kuɗin tikiti, ga kuɗin talla daban. An hana 'yan ƙasa da shekara 18 kallonsa a Birtaniya saboda zubar da jini, an matsa a kan nuna shi a tsarin 3D mai tsadar tikiti, sannan fim ɗin Indonisiya The Raid, mai labarin 'yan sanda da aka rutsa a dogon gini, ya riga shi isa kasuwa, wasu suka ɗauka kwaikwayo ne alhali an fara ɗaukar Dredd tun kafin a saki wancan. Ya samu karɓuwa daga baya a faifai, amma ci gaban da Garland ya yi niyya, inda Judge Death zai shigo, bai taɓa samuwa ba. Shekara shida na aiki ke nan, kuma manyan labaran da ya jingine suna nan a jingine.

Wa ke riƙe da rubutun

Ta fuskar sana'a, wannan tambayar ta fi ta kuɗi nauyi. Maggs yawanci shi ke rubutawa, shi ke ba da umarni, yana kuma zaune a wurin haɗa sauti, don haka abin da ya rubuta shi ake ji. Ya ci gaba a kan layi ɗaya sama da shekara 30: ya ɗora ci gaban wasan rediyon The Hitchhiker's Guide to the Galaxy a 2004 da 2005, ya yi wa Audible, kamfanin littattafan sauraro, wasanni kan labarin fim ɗin Alien daga 2016, sannan a 2020 ya juya fitowa 20 na farko na labarin zanen The Sandman zuwa wasa mai kusan awa 11. Babu fim ɗin sinima da zai ba marubuci awa 11. Sai dai sunansa bai wuce da'irar masu son wasan sauti ba sosai, kuma ba a nan manyan kuɗi suke ba.

A fim, marubuci zalla shi ne na farkon da ake iya sallama. Garland ya tsira ne don shi ma furodusa ne a fim ɗin, tare da Andrew Macdonald da Allon Reich na kamfanin DNA Films, mutanen da ya daɗe yana aiki da su. Sunan Pete Travis ne a matsayin darakta, ko da yake Urban ya faɗa a 2018 cewa a ganinsa Garland ne ya ja ragamar aikin. Bayan Dredd, Garland ya ba da umarni a fim ɗin Ex Machina, labarinsa na kansa mai kasafin kusan dala miliyan 15, wanda ya kai shi jerin 'yan takarar Oscar a rubutu. A lura cewa shi ma kusan a gida ɗaya aka yi shi, da 'yan wasa ƙalilan. Wanda ba shi da furodusan da zai tsaya masa haka, ya sani zai iya ba da shekaru ga rubutun da wani zai zo ya cire wa jaruminsa hula.

Don haka ga wanda yanzu yake farawa, ko wanda labarinsa ke da faɗi, dogo, mai halittu da birane da yaƙe-yaƙe, mai zuwa guntu-guntu, hanyar Maggs ta fi. Zai gama aiki a watanni, zai ji kurakuransa da kunnensa, ya kuma fito da abin nunawa. Fim ya cancanci wahalarsa ne idan labarin zai iya matsewa a wuri ɗaya da yini ɗaya ba tare da ya rasa ransa ba, kuma yana da wani abu na gani da ba ya faɗuwa da baki. Akwai gwaji mai sauƙi. A ɗauki shafi shida, a rufe hotunan a karanta maganganun kaɗai da ƙarfi ga wanda bai san labarin ba. Sannan a rufe maganganun a nuna wa wani hotunan kaɗai. Wanda ya fi iya maimaita abin da ya faru a cikinsu, ɓangarensa ne labarin ya jingina. In dukansu biyu sun kasa, labarin yana rayuwa ne a haɗuwar zane da rubutu a shafi, kuma kowace hanya aka bi sai an sake gina shi daga tushe.

Kafin a rubuta ko layi ɗaya, a nemi izini, kuma a san ƙofar da za a ƙwanƙwasa. Judge Dredd ba mallakar Wagner ba ne. An yi shi ne a matsayin aikin kamfani, kuma tun 2000 mujallar da haƙƙinta suna hannun Rebellion, kamfanin wasannin kwamfuta da ke Oxford. Haka akasarin tsofaffin labaran zane na Birtaniya suke, kuma haƙƙin mallaka a ƙasar yana kaiwa shekara 70 bayan mutuwar mai aikin, don haka tsufan labari ba ya nufin ya zama na kowa. Juya shi zuwa wani harshe, ko da Hausa ce kuma kyauta za a saka a intanet, shi ma yana buƙatar izini. Yarjejeniyar fim yawanci tana farawa ne da biyan ɗan kuɗin riƙe labarin na wata 12 zuwa 18, da damar sabuntawa, sai an fara ɗauka a biya cikakken farashi. Haƙƙin wasan sauti daban ake sayar da shi, shi ya sa kamfanin wasannin sauti Big Finish ya fitar da nasa wasannin Dredd daga 2002, kamfanin buga littattafai Penguin ma ya fitar da wasu a 2021. Amma kamfanonin fim sukan so su haɗe komai a takarda ɗaya, har da sauti. Mai neman haƙƙin rediyo ya fara tambaya ko an riga an sayar da na fim da abin da ya ƙunsa, ya kuma tabbatar an rubuta masa harshe, da ƙasashen da zai watsa, da adadin shekaru, da ko izinin ya haɗa da sakawa a intanet bayan an gama sawa a rediyo.